Yadda ake ɗaukar waƙar girbin Ifugao a fim, ta kuma zauna a hannun masu ita

Sana'ata ɗaukar sauti ce. Da riƙon sandar makirfo na fara a lokeshan a Kano, daga baya aiki ya haɗa ni da wasu matasa 'yan ƙasar Filifin masu yin dokumentari da kuɗin aljihunsu, muka hau lardin Ifugao da ke tsaunukan Kordilera, a arewacin tsibirin Luzon. Waƙar hudhud muka je ɗauka, wadda mata ke rerawa a gonar shinkafa da wurin zaman makoki. Da ita zan yi bayani, don ita na sani, amma mafi yawan abin da zan faɗa zai yi wa mai zuwa wurin ƙabilar Mangyan a tsibirin Mindoro ko T'boli a Mindanao amfani.

Fim ɗin minti ashirin da za ka kai bikin finafinai ba ya adana hudhud. Lissafin ma bai yarda ba. Waƙoƙin sun haura 200, kowacce tana da babi wajen 40, kuma rera guda ɗaya daga farko zuwa ƙarshe yana iya cin kwanaki. Hukumar UNESCO ta sa ta cikin fitattun al'adun baka na duniya a 2001, kuma tun lokacin damuwar ita ce masu riƙe da ita a ka sun tsufa, ba su kuma da yawa. Fim ɗinka da aka tace talla ce kawai, mai jawo hankalin mutane. Abin da jikar mai waƙar za ta koya daga gare shi nan da shekara talatin shi ne ɗanyen ɗaukan, dogo, wanda almakashi bai taɓa ba, da rubutunsa a gefe. Idan ka yarda da wannan tun daga gida, kayan da za ka saya da kwanakin da za ka ware da yarjejeniyar da za ka rubuta duk za su sauya.

Neman izini

Kada ka ji haushi idan aka karɓe ka da sanyin jiki. Mutanen nan sun daɗe da sanin kyamara, kuma ba da alheri ta fara zo musu ba. A 1904 Amurkawa sun kwashi mutanen tsaunukan Kordilera zuwa baje kolin duniya a birnin St. Louis, aka kafa musu ƙauye a cikin shinge, ana sa su yanka kare suna ci don 'yan kallo su biya kuɗi. A 1971 wani jami'in gwamnatin Shugaba Marcos, Manuel Elizalde, ya shelanta wa duniya cewa an gano Tasaday, wasu mutane a dajin Mindanao da ke zaune a kogo kamar a zamanin dutse. Manyan gidajen talabijin suka yi ta tururuwa. A 1986, bayan faɗuwar Marcos, ɗan jarida Oswald Iten na Suwizalan da Joey Lozano ɗan Filifin suka isa wurin, suka tarar da su cikin riga da wando, wasunsu suka ce an sa su ne su tuɓe su shiga kogo. Masana sun daɗe suna jayayya a kan iyakar gaskiyar lamarin, amma ɓarnar ta riga ta auku. Ko a 2021 an yi hayaniya lokacin da wani kamfanin darussan intanet ya tallata kwas da sunan Whang-od, dattijuwar nan mai zanen jiki ta ƙauyen Buscalan a Kalinga. An nuna ta tana dangwala yatsa a takarda, danginta suka ce ba ta san abin da ke ciki ba, aka sauke kwas ɗin.

Akwai doka. Dokar kare haƙƙin 'yan asalin ƙasa ta 1997, mai lamba 8371, ita ta kafa NCIP, hukumar kula da 'yan asalin ƙasa, ta kuma wajabta samun yardar al'umma kafin a taɓa ƙasarsu ko iliminsu na gado: yarda ba tilas, kafin a fara aiki, bayan an yi musu cikakken bayani. Ka fara da ofishin hukumar na lardi, sannan shugaban barangay, wato ƙaramar gundumar da ƙauyen ke ciki, sannan dattawa. Ka ware watanni, ba makonni ba.

Sai dai takardar ofis ba ita ce yardar tsohuwar da za ka maƙala wa makirfo a wuya ba. Wannan sai ka zauna a gidanta, da tafinta mai jin Tuwali, harshen yankin Kiangan, ko aƙalla Ilokano da ake ciniki da shi a faɗin tsaunukan. Tagalog ɗin Manila ba harshenta ba ne, balle Turanci. A gaya mata ƙarara inda fim ɗin zai je: za a sa shi a YouTube ko ba za a sa ba, za a sayar wa gidan talabijin ko a'a, wa zai riƙe ɗanyen ɗaukan, kuma idan gobe ta ce a cire wani wuri me zai faru. Mu a sauti muka naɗi wannan tattaunawa da harshenta, sannan aka rubuta takardar daga abin da aka faɗa, aka karanta mata a gaban 'ya'yanta. Na fi yarda da wannan tsari a kan a zo da takarda a shirye a ce dangwala.

Kalandar gona ce ke mulki

Shinkafar gargajiya ta Ifugao, tinawon, sau ɗaya ake noma ta a shekara, girbinta kuma yana faɗowa wajen watannin Yuni da Yuli, gwargwadon ƙauye da tsayinsa a dutse. Wannan shi ne farkon damina da guguwa, a ƙasar da guguwa wajen 20 ke shiga yankinta duk shekara. Hanya takan rufe saboda zaftarewar ƙasa. Motar dare daga Manila takan ci wajen awa tara kafin Banaue, garin Ifugao da ya shahara da gonakin shinkafa hawa-hawa a jikin dutse, amma kada hotunan katin gaisuwa su ja ka can kai tsaye. Banaue da Batad sun fi kyan gani, hudhud kuwa ta fi ƙarfi a wajen Kiangan da Asipulo da Hingyon da Lagawe.

Ba kai ke sa ranar ɗauka ba. Mai gona ke sa ta, bayan ta duba nunar shinkafa da samuwar masu taya ta yanka. Akwai kuma ranakun hutu na al'ada da ba a shiga gona, a wasu ƙauyukan ma ba a shiga ba a fita. Idan ka ga an ƙulla ciyawa ko kara an kafa a bakin hanya ko a kunyar gona, tsaya ka tambaya kafin ka tsallake.

Za a yi maka tayin sauƙi: a tara mata, su sa tufafin saƙa masu ja da baƙi, su tsaya a wuri mai kyau su rera minti goma. Ana yin haka a bukukuwan gari da gasar makarantu, kuma ba laifi ba ne, ta nan ne yara da yawa suka fara jin waƙar. Ka ɗauka, amma ka rubuta a jikinsa cewa nuni ne. A ranar girbi ta gaske za ka ga tsohuwa da rigar kamfen ɗin wani ɗan siyasa, da hular roba, da waya a ɗaure a leda. Bar ta haka. Duk wanda ya ce a cire ledar don hoto ya yi kyau, ka tuna masa da kogon Tasaday.

Dalilin nacewa a kan gona shi ne waƙar da aikin tare suke tafiya. Da ƙaramar wuƙa ake yankan tinawon, zangarniya ɗaya bayan ɗaya, a ɗaure dami-dami, mata a jere suna matsawa gaba a hankali cikin taɓo. Tsawon waƙar daidai yake da tsawon wunin. Inda aka koma irin shinkafa mai saurin nuna da injin girbi, waƙar ta rasa wurin zama, kamar yadda injin niƙa ya tafi da waƙoƙin da iyayenmu mata ke yi a bakin dutsen niƙa.

Sauti

Nan zan daɗe, don nan ake yin asarar da ba ta gyaruwa. Hoto mai duhu ana iya kallonsa. Kalmar da iska ta cinye ta tafi ke nan.

Hudhud ba ta da kiɗa. Zabiya ɗaya ce, munhaw-e, yawanci dattijuwa, take jan labarin Aliguyon da Bugan da Pumbakhayon, yaƙe-yaƙensu da aurensu da bukukuwansu. Idan ta kawo wata gaɓa sai 'yan amshi su karɓe, su ƙarasa da sunayen mutane da garuruwa da kirarinsu, kafin su sauke ta riga ta ɗauko baiti na gaba. Muryoyin suna hawa kan juna. Zabiyar tana sunkuye, fuskarta na kallon shinkafa, muryarta ta tsufa, 'yan amshi kuwa su goma ne ko fiye. Makirfon da ke kan kyamara amshi kaɗai zai kamo maka, wato ɓangaren da kowa ya riga ya haddace, ya bar labarin da ita kaɗai ta sani.

Don haka layi biyu za ka yi, kowanne daban. Ƙaramin makirfo na maƙalawa a wuyan rigar zabiya, da gashin tare iska a kansa, na'urarsa a cikin leda a ƙugunta, don za ta shiga taɓo har gwiwa. Na biyu makirfo mai kunne biyu a kan sanda, gaban jerin matan, kana matsar da shi yadda suke matsowa. Idan da hali ka maƙala na uku a jikin wadda ta fi kusa da zabiya a sani, don ita ce mai jiran gado, kuma wata rana za a so jin yadda take tuntuɓe ana gyara mata. Ka naɗa a tsarin WAV, 48 kHz da bit 24. Awa ɗaya a haka ba ta kai gigabait biyu ba a layukan biyu, alhali hoton 4K mai megabit 100 a daƙiƙa yana cin gigabait 45 a awa. Ma'ana, ko memorin kyamara ya cika, ba ka da hujjar kashe na'urar sauti. Kunna ta da safe, kada ka taɓa ta sai canjin batir. Hirar da ake yi lokacin cin abinci, gardamar wane babi ke bin wane, dariyar da aka yi lokacin da wata ta yi kuskure, duk suna cikin abin da ake adanawa.

Abokan gabarka a can su ne ruwa da zakara da karaoke. Gonakin hawa-hawa ne a jikin dutse, ruwa na zuba daga kowace zuwa ta ƙasa da ita dare da rana, kunnenka zai saba da shi ya daina ji, makirfo kuwa ba ya sabawa. Sa abin sauraro a kunne, ka zagaya kafin a fara, ka nisanci mazubin. Zakara ba yadda za ka yi da shi. Karaoke kuwa, wanda a ƙasar ba ƙauyen da ya rasa shi, sai dai shugaban barangay ya roƙar maka maƙwabta. Jirgi maras matuƙi ka ajiye shi sai an tashi daga aiki, kuma da izini. Ƙugin sa yana kashe sauti, yana kuma sa mata su ɗaga kai su daina waƙa.

Mai kyamara ya kafa guda ɗaya a kan ƙafarta, ta ɗauko jerin matan gaba ɗaya, ya bar ta tana gudu. Ta biyu ce za ta bi hannu da wuƙa da baki. Kunyar gonar siririya ce, mai santsi, wani bangon ya fi tsayin mutum, don haka kaya kaɗan, a jakar goyo, hannu biyu a sake. Da dare a zuba gilasan kyamara da makirfo cikin akwati mai rufewa ruf da ƙullin silika, in ba haka ba laima za ta sa musu fumfuna. Batir kuma ka riƙe na kwana biyu, don wuta takan tafi tare da hanya.

Makoki da abin da ba a ɗauka

Ana rera hudhud a zaman makoki, da kuma wurin bogwa, inda ake tono ƙasusuwan mamaci a tsabtace su a naɗe da sabon mayafi. A nan ne ake jin wasu waƙoƙin da ba a yi a gona. Izinin da ka samu na girbi bai shafi wannan ba. Iyalan mamacin ne masu cewa e ko a'a, kuma idan sun ce sauti kawai, ka rufe kyamara ka gode. Haka ma mumbaki, mai jagorantar tsafe-tsafen gargajiya, wanda ke kiran sunayen kakanni ya yanka kaza ya duba matsarmamarta: akwai abin da zai bari ka ɗauka, akwai wanda zai ɗaga maka hannu. Kada ka bar na'ura tana gudu a ɓoye. Ƙauye ƙarami ne, za a sani, kuma wanda zai zo bayanka shi zai biya bashin.

Ga ɗan'uwa Musulmi, wata 'yar shawara. A irin waɗannan taruka alade ake yankawa, ana kuma zagayawa da giyar shinkafa, kuma ƙin karɓar abin da aka miƙo maka a gaban jama'a yana da nauyi. Ka gaya wa mai masaukinka tun ranar farko, shi zai yi maka bayani a wurin dattawa. Ni da shinkafa da ganye da dankali na rayu, ba wanda ya ɗauke shi raini.

Batun kuɗi kuwa, a yi shi a fili. Wadda ta bar aikinta ta zauna da kai tana bayani, a biya ta wuninta. A sa hannu a abincin masu girbi. Sunan kowace mai waƙa ya fito a fim da na ƙauyenta, in ta yarda. Ba na son ganin an rubuta "wata tsohuwa 'yar Ifugao" a ƙarƙashin matar da ta haddace abin da farfesa ba zai iya ba.

Bayan an sauko daga gona

Aikin da ya fi cin rai shi ne rubutawa. Harshen hudhud tsoho ne, cike da kalmomin da matashi mai jin Tuwali ba ya amfani da su, don haka tafintan da ya yi maka ciniki a kasuwa ba zai wadatar ba. Ka zaunar da zabiyar da kanta, tare da wani mai rubutu, irin malaman makarantar da suka yi ritaya, a riƙa kunna baiti ana tsayarwa. Awa ɗaya ta waƙa tana iya cin kwanaki. Kada ka ɗaga wannan zuwa baɗi, don ba ka da tabbacin samun ta baɗi. Rubutun ƙasan allo ya fara da harshen waƙar, sannan Filipino, harshen ƙasar, Turanci daga ƙarshe.

Wajen tacewa, abu uku nake roƙon edita. Kada ya shimfiɗa kiɗan fiyano a ƙarƙashin muryar matan. Kada mai sharhi ya ce wannan ce "ta ƙarshe" da ta iya, don kusan kullum ƙarya ce, kuma cin fuska ne ga yaran da ke koyo a makarantun al'adun gargajiya da NCCA, hukumar al'adu da fasaha ta ƙasar, ke tallafawa. Na uku, a yi hattara da zancen nan na cewa gonakin sun shekara 2,000. Yana jikin kowace takardar yawon buɗe ido, amma tonon da Stephen Acabado da abokan aikinsa suka yi a tsohon garin Kiyyangan ya nuna noman shinkafar ruwa a can ya bunƙasa ne shekaru kamar 400 da suka wuce, lokacin da mutane ke hawa dutse suna kauce wa mulkin Sifaniyawa. A ganina wannan labarin ya ma fi daɗi.

Kafin kowane biki ya ga fim ɗin, ka mayar da shi ƙauyen. Zanen gado fari a bangon ɗakin taron barangay, majigi, lasifika mai kyau. Ka zauna a baya ka saurari inda aka yi dariya da inda aka yi tsit. Idan suka ce a cire wani wuri, a cire. A Ifugao yawanci abin kunya ne ko na ibada. A Kalinga ko Mindanao yana iya zama batun rai. Sojoji sun kashe Macli-ing Dulag a ranar 24 ga Afrilu, 1980, saboda ya jagoranci ƙin madatsar ruwan kogin Chico, kuma har yau shugaban al'umma da ya yi magana a kan ma'adinai ko madatsa ana iya laƙaba masa sunan ɗan tawayen kwaminis. Fuska, suna, da bayanin wurin da waya ke liƙawa a jikin hoto, duk ka tambayi mai su kafin su fita.

Tallafi ana nemansa a NCCA, da hukumar bunƙasa finafinai ta FDCP, da bukukuwa irin QCinema, a waje kuma akwai asusun Bertha na bikin IDFA a Amsterdam. Ka karanta kwantiragin da kyau. Duk wanda ya ce ɗanyen ɗaukan zai zama mallakarsa, ka bar masa kuɗinsa, don ka riga ka yi wa wasu alkawarinsa. A cikin kasafin ka sa kuɗin komawa, da na mai rubutu, da na kyamara ɗaya mai sauƙi da makirfo da za ka bari. Kidlat Tahimik, mai shirya fim na birnin Baguio, wanda ƙasar ta karrama a 2018, ya daɗe yana miƙa wa abokansa 'yan Ifugao kyamara su ɗauki kansu. Yarinyar da kakarta ce zabiya za ta kasance a wurin ranar da aka yi rasuwa da tsakar dare, kai kana Manila ko Kano.

Kwafi uku za ka yi, a wuri uku. Ɗaya a ƙauyen, ɗaya a wata cibiya ta lardin, kamar jami'ar jihar Ifugao a Lamut ko ƙungiyar SITMo mai aikin ceto gonakin a Kiangan, ɗaya kuma nesa da yankin gaba ɗaya. Yaƙin Marawi na 2017 ya rushe tsakiyar birnin Maranao, Musulmin bakin tafkin Lanao masu waƙar Darangen mai baiti 72,000, wadda iyalai ke ajiyewa a rubuce da haruffan Larabci. Abin da ke wuri ɗaya wuta ɗaya ce ke cinye shi. Kwafin ƙauye kada ya zama faifan kwamfuta kawai, a inda ba kwamfutar. Ka juye waƙoƙin a ƙananan memori da waya ke karantawa, ka raba wa masu waƙar da makarantar firamare. Faifan ajiya kuma yana mutuwa ko ba a taɓa shi ba, sai a sa wanda zai riƙa juye shi a sabo duk bayan 'yan shekaru.

Kowane fayil ya tafi da takardarsa, a buge a kuma ajiye a cikin faifan: sunan zabiya da 'yan amshi, ƙauye, gonar wa, rana da shekara, wace waƙa ce da babin da aka fara da wanda aka tsaya, wa ya koya wa zabiyar. A ƙasa a rubuta wa aka yarda ya ji: kowa da kowa, ko 'yan ƙauyen kaɗai, ko iyalan mamacin kaɗai, da sunan wanda za a tambaya idan zabiyar ta rasu.